Gwamnati Ta Karɓi Makarantarmu, Ina Makomar Shekaruna 19 Na Aiki?

Assalamu alaikum. Ni malami ne, shekaruna 52. Na yi shekara 19 ina koyarwa a wata sakandare da ƙungiyar ci gaban garinmu ta gina. Bara gwamnatin jiha ta karɓi makarantar, aka tantance mu, aka ɗauki yawancinmu. Da takardu suka fito sai na ga an sa ranar fara aikina daga ranar da aka karɓe mu, kamar yau na fara riƙe alli. An kuma raba mana wani fom mu sa hannu cewa ba ma bin tsofaffin masu makarantar komai, wai sai mun mayar da shi za a sa mu a albashi. An daɗe ana cire mana kuɗin fansho, amma rabona da ganin saƙon shigar kuɗi har na manta. Shugaban ƙungiyar kawuna ne, ƙanin mahaifiyata, shi ya kawo ni aikin. 'Yan'uwa suna cewa in gode wa Allah da na samu aikin gwamnati, kada in tona wa dattijo asiri. Ina da iyali, saura mini shekara 8 in kai 60. Me zan yi?

Wa alaikumus salam, Malam. Allah ya saka maka da alheri kan shekarun da ka kwashe kana koyar da 'ya'yan jama'a. Damuwarka tana kan hanya. Mutum yana iya gode wa Allah da ya ba shi aikin gwamnati, ya kuma tambayi inda guminsa na shekara 19 ya shiga, godiyar ba ta hana tambayar.

Abin da ya fi gaggawa shi ne fom ɗin nan. Ka kama aikin hannu bibbiyu, amma kada ka sa hannu a fom ɗin a yadda yake. Takardar ɗaukar aiki daban, takardar yafe bashi daban. Ka fara bincika daga ina ya fito: yana ɗauke da tambarin ma'aikatar ilimi ko hukumar da ta ɗauke ku, ko kuwa a ofishin ƙungiyar garin aka buga shi aka miƙa wa shugaban makaranta ya raba? Ka sake karanta takardar ɗaukar aikinka layi-layi, ka ga ko an sa wannan fom a cikin sharuɗɗan. In ba a sa ba, maganar cewa sai da shi za ku shiga albashi ta baka ce kawai, kuma kuna da damar cewa a ba ku ita a rubuce da sa hannun wanda ya ba da umarnin. Jami'i yakan yi dogon tunani kafin ya sa sunansa a ƙarƙashin sharaɗin da ba ya cikin doka.

Idan matsi ya yi yawa har ka ga abincin gidanka zai tsaya, to ka riga fom ɗin da wasiƙa. Ka rubuta wa hukumar cewa ka karɓi aiki, amma kana bin kuɗin fansho da na sallama, ba ka kuma yafe su ba. Ka kai kwafi biyu, a buga maka hatimin karɓa da kwanan wata a ɗaya ka riƙe. A jikin fom ɗin ma ka rubuta haka a saman sa hannunka, ka ɗauki hotonsa da waya kafin ka miƙa. Wannan bai kai ƙarfin ƙin sa hannu gaba ɗaya ba, amma duk wanda zai duba lamarin nan gaba zai ga ba da yardar ranka ka yafe ba.

A cikin wasiƙarka akwai haƙƙoƙi da suka cuɗe wuri ɗaya, alhali kowanne da wanda za a tambaya. Mafi sauƙinsu shi ne kuɗin da suka riga suka shiga asusunka na fansho. Tun dokar gyaran fansho ta 2004, wadda aka maye gurbinta da ta 2014, ma'aikaci yana da asusun ajiyar ritaya da sunansa a hannun kamfanin kula da fansho, wato PFA. A dokar 2004 ma'aikaci da wanda ya ɗauke shi aiki kowa yana zuba kashi 7.5 cikin 100. Dokar 2014 ta mayar da shi aƙalla kashi 8 daga ma'aikaci, kashi 10 daga mai ɗaukar aiki, ana lissafawa a kan gundarin albashi da kuɗin gida da na mota. Abin da ya shiga wannan asusu naka ne. Ba na ƙungiya ba ne, ba na gwamnati ba ne, kuma sauya wurin aiki ba ya taɓa shi, domin dokar ta ce ma'aikacin da ya koma wani wurin zai ci gaba da asusunsa na da. Don haka kada ka bari a ce maka ka buɗe sabo saboda ka zama ma'aikacin gwamnati. Mallakar lambar asusun fansho biyu yana daga cikin abubuwan da suke riƙe kuɗin mutane a lokacin ritaya. Ka je ofishin kamfanin fanshonka da katin NIN, a sabunta bayananka, ka duba yadda aka rubuta sunanka da ranar haihuwarka da sunan magajinka, sannan ka nemi cikakken bayanin asusu tun daga ranar da aka buɗe shi, ba na wata uku na ƙarshe ba.

Wannan takarda ita ce za ta bayyana maka inda gizo yake saƙar. Ka ajiye ta kusa da takardun albashinka ko bayanan bankinka, ka bi wata-wata, ka yi alama a duk inda aka cire maka amma ba a zuba ba. Doka ta ba mai ɗaukar aiki kwana bakwai na aiki bayan biyan albashi ya tura kuɗin, in ya saɓa kuma akwai tarar da ba ta gaza kashi 2 cikin 100 na abin da ya riƙe ba a kowane wata. Kada ka lissafa kasonka kaɗai ka manta da nasu. A ce abin da ake lissafa maka fansho a kai naira 60,000 ne: kasonka 4,800, nasu 6,000, jimla 10,800 a wata. A shekara 129,600 ke nan, a shekara biyar 648,000, ba a maganar ribar da kuɗin za su tara da suna cikin asusun. Ka ninka wannan da yawan malamai da masu gadi da masu shara, za ka gane abin da ya sa ake son a rufe maganar da fom ɗaya.

Nan kana da ƙarfi sosai. Dokar 2014 ta wajabta tsarin a kan duk wurin aiki mai zaman kansa da ke da ma'aikata 15 ko fiye, kuma da wuya sakandare ta gaza haka. Ko da ma ta gaza, kuɗin da aka yanka daga albashinka da sunan fansho amana ne, ba kuɗin gyaran rufin aji ba. Hukumar Fansho ta Ƙasa, PenCom, tana karɓar irin wannan ƙorafi, tana da ofisoshin shiyya a Kano da Gombe ban da hedkwatarta a Abuja, kuma tun 2012 take amfani da wakilai masu bin wuraren aiki suna ƙwato kuɗin da ba a zuba ba tare da tararsu. Tun da doka ce ta ɗora wannan nauyi, ba yarjejeniyarku ba, fom ɗin da aka raba muku ba zai wanke wanda ya riƙe kuɗin a gaban hukumar ba. Inda fom ɗin zai iya cutar da kai shi ne garatuti, wato dunƙulallen kuɗin sallama da ake biya sau ɗaya idan an bar aiki.

Garatuti a wurin aiki mai zaman kansa ya dogara ne ga abin da kuka yi da masu wurin. Ka nemo littafin sharuɗɗan aiki na makarantar, in akwai, ko takardar ɗaukar aikinka ta farko. In an rubuta kuɗin sallama, ya zama bashi. In ba a rubuta ba amma an saba biyan waɗanda suka bari, ka nemi waɗannan tsofaffin abokan aiki ka ji nawa aka ba su da yadda aka lissafa, domin abin da aka saba yi shi ma hujja ne, ko da bai kai rubutu ƙarfi ba.

Wa zai biya wannan bashi? Mutane da yawa suna ɗauka cewa da zarar gwamnati ta karɓi wuri to ta karɓe shi da bashinsa. Ba lallai ba ne. A Najeriya babu wata doka ta bai ɗaya da ke ɗauke ma'aikaci da shekarunsa da bashinsa ta ɗora wa sabon mai wuri haka kawai. Sashe na 10 na Dokar Ƙwadago ma cewa ya yi ba a mayar da ma'aikaci daga hannun wani zuwa wani sai da yardarsa da sa hannun jami'in ƙwadago, sashe na 20 kuma ya ɗora wa mai sallamar ma'aikata nauyin sanar da ƙungiyarsu da tattauna abin da za a ba su. Waɗannan sassa sun fi shafar ƙananan ma'aikata irin su masinja da direba da akawu, amma tunanin da ke ƙarƙashinsu ya shafe ku duka: tsohon aiki ya ƙare ne ko ya ci gaba? In ya ƙare, tsohon mai wuri zai sallame ku. In ya ci gaba, sabon mai wuri zai ƙirga shekarunku. Abin da ba zai yiwu a yarda da shi ba shi ne abin da ake neman yi muku, wato a ce bai ƙare ba ballantana a sallame ku, bai kuma ci gaba ba ballantana a ƙirga.

Amsar tana cikin takardar miƙa makarantar. Ba a karɓar makaranta da fatar baki. Akwai yarjejeniya, ko rahoton kwamitin karɓa, ko amincewar majalisar zartarwa ta jiha. Ku nemi ganin wannan takarda, ku duba abin da ta ce kan ma'aikata da basussuka da diyya. Idan gwamnati ta ɗauki nauyin bashin, sai ku bi ta. Idan ta bar wa ƙungiya, to ƙungiyar ba ta mutu ba don an karɓi makarantarta. In tana da rajista da hukumar rajistar kamfanoni da ƙungiyoyi, CAC, tana da amintattu da sunayensu, su ake rubuta wa. Idan kuma akwai diyyar gine-gine ko fili da ba a kai ga biya ba, ku yi hanzarin rubutawa a cire haƙƙin ma'aikata daga ciki kafin kuɗin su fita. A ganina wannan ita ce ƙofar da ta fi saurin buɗewa, domin ba ta buƙatar kowa ya sa hannu a aljihunsa.

Yanzu ga mai wuyar, wato shekarun nan 19. Gaskiyar magana, Malam, a nan hannunka bai kai ƙarfin da yake da shi a kan kuɗin da aka cire ba. Sashe na 210 na tsarin mulkin 1999 ya kare fanshon ma'aikacin jiha, ya hana a riƙe shi ko a sauya shi ta hanyar da za ta cutar da mai shi sai bisa doka, ya kuma ce a riƙa duba shi duk shekara biyar ko duk lokacin da aka duba albashi. Amma kariyar tana farawa ne daga ranar da mutum ya zama ma'aikacin jiha. Shekarun da ka yi a hannun ƙungiya ba sa shiga da kansu. Sai an shigar da su, ta hanyar yarjejeniyar miƙawa, ko amincewar gwamna, ko sanarwa daga ofishin Shugaban Ma'aikata. Abu ne da ake nema a kuma samu, amma ba a samunsa da zama, kuma kowace shekara da ta wuce tana ƙara masa wuya.

Girman abin da ke gabanka ya danganta da tsarin da jiharku take bi, domin jihohi ba su zama ɗaya ba. Kaduna, alal misali, ta koma tsarin da kowane ma'aikaci ke da asusun kansa daga Janairun 2017. A irin wannan tsari ƙirga shekaru ba shi ne kan gaba ba, abin da ke cikin asusunka shi za ka ci, don haka yaƙinka shi ne a cike ramin da aka bari a baya, a kuma ci gaba da zubawa a kan lokaci. Kano da Jigawa kuwa suna cire wa ma'aikaci kaso, gwamnati ta ƙara nata, a tara a asusu ɗaya na bai ɗaya, a biya mutum gwargwadon shekarunsa da albashinsa na ƙarshe. Wasu jihohin har yanzu suna kan tsohon tsari, inda ake biya kai tsaye daga baitulmali. A waɗannan biyun shekara ita ce kuɗi.

Ka dubi tsohon jadawalin tarayya, wanda jihohi da yawa suka ɗora nasu a kai. Garatuti yana farawa daga shekara 5, fansho daga shekara 10. Mai shekara 10 yana samun fansho kashi 30 cikin 100 na albashinsa da garatuti na albashin shekara guda. Kowace shekara da ta ƙaru tana ƙara kashi 2 a fansho da kashi 8 a garatuti, har a kai shekara 35 inda fansho yake tsayawa a kashi 80, garatuti a kashi 300. To ɗora kanka a kai. In aka bar ranar da aka rubuta maka, ka yi ritaya a 60, shekara 8 ka yi: garatuti kaɗai, ɗan abin da ya ɗara albashin shekara guda, babu fanshon wata-wata ko na sisi. In aka haɗe da 19, shekara 27 ke nan: fansho kashi 64, garatuti kashi 236. Layi ɗaya a fayil shi ne tsakanin waɗannan biyun. Ka nemi dokar fanshon jiharku ka ga ko jadawalinta ya zo daidai da wannan, amma ka ga dai abin da ya sa na ce kada a bar maganar sai ranar ritaya.

Akwai abu biyu kuma da za ka duba a takardarka. Na farko, wane irin aiki aka ba ka? Na dindindin mai fansho, ko na kwantiragi, ko na wucin gadi? Dokokin aikin gwamnati suna sa iyakar shekarun da ake ɗaukar mutum aikin dindindin, kuma wanda ya haura hamsin yana iya tsintar kansa a kwantiragi ba tare da an yi masa bayani ba. In haka ne, wannan za ka fara gyarawa, da hujjar cewa ba neman aiki ka zo ba, a bakin aiki aka same ka. Na biyu, dokar shekarun ritayar malamai da Shugaba Buhari ya sa wa hannu a 2022 ta kai malami shekara 65 da haihuwa ko 40 yana aiki, sai dai ba kowace jiha ce ta fara aiki da ita ba. In taku ta fara, kana da shekara 13 a gaba, wanda ya tsallake da kai layin shekara 10 ko da ba a haɗe maka komai ba: kashi 36 ke nan a wancan jadawali. Ba ya kai haƙƙinka, amma ya fi babu nesa ba kusa ba.

Wani abin lura ga abokan aikinka: haɗe shekaru yana kusanto da iyakar shekara 35 na aiki, wadda a tsohon tsari in an cika ta sai ritaya. Kai bai shafe ka ba, amma wanda ya yi shekara 30 a makarantar, in aka ƙirga masa, saura masa biyar ya tafi gida. Kowa ya yi lissafinsa kafin ku rubuta buƙata ɗaya da sunan kowa.

Ku shirya jin amsar da za a fara ba ku, domin tana da ma'ana: masu riƙe da asusun fansho za su ce ta yaya za su biya shekarun da ba a zuba musu ko kwabo a kai ba, alhali suna da tsofaffin 'yan fansho a layi? Kada ku je da kuka kaɗai, ku je da mafita. Ku ce a lissafa abin da ya kamata a zuba na waɗannan shekaru, a biya shi daga diyya, ko gwamnati ta ɗauka a matsayin wani ɓangare na kuɗin karɓar makarantar, ko a raba shi kashi-kashi. In an ƙi duka, ku nemi a ƙirga wani ɓangare, ko da abin da zai kai kowa shekara 10 ne. In wannan ma ya gagara, kada ku saki maganar mataki. Malamin da ya yi shekara 19 bai kamata a ajiye shi a matakin albashin wanda ya gama bautar ƙasa bara ba, kuma tun da a kan albashin ƙarshe ake lissafa fansho, kowane mataki da ka samu yau zai bi ka har ƙarshen rayuwa.

Wannan lamari ba a kanku aka fara ba. A farkon shekarun 1970 gwamnatocin jihohi sun karɓi makarantun mishan da na ƙungiyoyi. A lokacin ne St. John's ta Kaduna ta zama Kwalejin Rimi, Queen of Apostles ta Kakuri ta zama Kwalejin Sarauniya Amina, St. Paul's ta Wusasa ta zama Kwalejin Kufena, har gwamnatin soja ta tarayya ta fitar da doka a 1977 ta tabbatar da karɓar. Abin da ya faru da ma'aikatan wutar lantarki ya fi kusa da mu, ko da yake su daga gwamnati aka kai su hannun 'yan kasuwa. Ƙungiyoyinsu sun kafe cewa sai an daddale maganar sallama da fansho kafin a miƙa kamfanonin, kuma kafin miƙawar ta Nuwamban 2013 an biya mafi yawansu. Abin da ya ba su ƙarfi shi ne sun yi magana da murya ɗaya a lokacin da ake buƙatar haɗin kansu. Ku an riga an miƙa, amma fom ɗin nan yana nuna har yanzu akwai abin da ake buƙata daga hannunku. Da zafi-zafi ake dukan ƙarfe.

Saboda haka kada ka tafi kai kaɗai. Ku kafa ƙaramin kwamiti, ku sa mace a ciki, ku sa wakilin ƙananan ma'aikata, domin mai gadi da mai shara su ne ake fara mantawa da su. Ku shiga ƙungiyar malamai ta NUT tun da yanzu kun cancanta, ku sa reshenta na ƙaramar hukuma ya ɗauki maganar. Wasiƙarku ta tafi ga kwamishinan ilimi da Shugaban Ma'aikata da hukumar fanshon jiha, kwafi ga ɗan majalisar jiha mai wakiltar ku, wanda zai iya gabatar da ita a matsayin koke a zaure. Hakimi ko sarkin da ya sa baki aka karɓi makarantar shi ma a kai masa gaisuwa da kwafi. Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a tana da ofishi a kowace jiha, kuma ba a biyan kuɗi. Kotu ita ce ta ƙarshe, kuma Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce sashe na 254C na tsarin mulki ya ba hurumin shari'ar albashi da fansho da garatuti. Amma ku ga lauya tun yanzu ko da ba ku da niyyar ƙara. Akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta sa wa'adin wata uku na kai ƙararsu, kotuna sun sha saɓawa kan ko tana aiki a rikicin ma'aikaci, kuma bai kamata ku zama waɗanda za a gwada a kansu ba. Kuɗin zama ɗaya da lauya, in kun yi karo-karo, ba zai gagare ku ba.

A makon nan, kafin a sauya akawu ko a kwashe tsofaffin kabad, ka yi kwafin duk abin da ke nuna ka yi aiki a can: takardar ɗauka ta farko, ta tabbatarwa, na ƙarin girma, takardun biyan albashi, rajistar zuwa aiki, jerin sunayen malamai da ake aika wa ma'aikatar ilimi, takardun sa ido a jarrabawar WAEC da NECO, shaidar hukumar rajistar malamai, TRCN. Jerin da ke hannun ma'aikatar yana da daraja ta musamman, domin yana nuna gwamnati da kanta ta san kana wurin tun tuni.

Sai maganar Kawu, wadda na san ita ta fi hana ka barci. Ya yi maka alheri, wannan ba a mantawa. Amma kai ma ka biya da shekara 19 na aiki a albashin da kowa ya san bai kai na gwamnati ba. Kuma kada ka yanke hukuncin cewa ya ci kuɗin. Makarantun al'umma da yawa suna tafiya ne da kuɗin makarantar da iyaye ba sa biya a kan lokaci, sai a taɓa kuɗin fansho a cike albashi da niyyar mayarwa, har abin ya fi ƙarfin kowa. Wannan bai halatta shi ba, amma ya bambanta da sata, kuma ya kamata ya sauya yadda za ka tunkare shi. Bashi hanji ne, yana cikin kowa, ba abin kunya ba ne a ce ƙungiya ana bin ta.

Ka same shi a gida, kai da shi, bayan ka karɓo bayanin asusunka, kafin kowace wasiƙa ta fita. In mahaifiyarka tana raye ka fara sanar da ita, don kada ta ji a bakin wasu an ce ɗanta ya kai ƙaninta ƙara. Ka ce masa, Kawu, ga abin da na gani a asusuna, na ce ba zan ɗauki wani mataki ba sai na zo wurinka. Sannan ka nuna masa abin da 'yan'uwa ba su hango ba: shirun da suke nema ba zai kare shi ba. Kai in ka yafe, sauran malaman ba 'ya'yan 'yar'uwarsa ba ne, kuma sunansa ne a kan takardun ƙungiya, tara tana ƙaruwa duk wata. Abin da zai rufa masa asiri na gaskiya shi ne a amsa bashin a rubuce, a tura shi cikin lissafin karɓar makarantar tun yana da bakin magana da gwamnati. Ka roƙe shi abu uku: ya nuna muku takardar miƙawa, ya ba kowane ma'aikaci takardar shaidar shekarun aikinsa da sa hannun ƙungiya, ya kuma jagorance ku zuwa wurin kwamishina a matsayinsa na wanda ya miƙa makarantar. Dattijon da ya shige gaba yana nema wa ma'aikatansa haƙƙi ya fi mutunci a gari a kan wanda aka aiko wa takarda daga Abuja, kuma ina kyautata zaton zai gane haka.

In ya ƙi, kada ka ɗaga masa murya, kada kuma ka yi maganar a dandalin sada zumunta ko majalisar ƙofar gida. Ka ci gaba da gaishe shi kamar yadda ka saba. Ka bar wani ya shugabanci kwamitin, wasiƙu su tafi da sunan ƙungiya da amintattunta, ba da sunansa ba, amma sunanka ya kasance a jerin masu bin bashi, da sa hannunka. Ga 'yan'uwan da za su zo yi maka faɗa, ka nuna musu lissafin nan na shekara 8 da na shekara 27, ka tambaye su wa zai ɗauki nauyin gidanka in ka kai 60 babu fansho. Allah ya warware maka, ya sa a dace.